Birnin da Kabewa Ke Hawa Bene

A titin Gobelins, a yanki na 13 na birnin Faris, akwai wani gini da mutum zai iya wucewa bai ɗaga kai ba. Fuskarsa tsohuwa ce, da sassaƙen mutum biyu a saman ƙofa, aikin mai sassaƙa Rodin tun yana matashi, lokacin da wurin yake gidan wasan kwaikwayo. Sai ka shiga sannan ka ga an ɓoye sabon gini a bayan tsohon, mai ƙusumbi, lulluɓe da ƙarfe, wanda aka buɗe a 2014. Nan gidauniyar Jérôme Seydoux-Pathé take ajiye tarihin kamfanin fim na Pathé. A ƙasa akwai ɗakin kallo da kujerunsa ba su kai 70 ba, kuma finafinan da ba su da magana ake nunawa a ciki. Fiyano na gefen allo, ɗaliban makarantar kiɗa ta birnin suna karɓa-karɓa a kansa, kowa yana ƙirƙiro kiɗan nan take gwargwadon abin da idonsa ya gani.

Mutanen da na tarar a layi irin waɗanda na saba gani ne a jirgin ƙarƙashin ƙasa: fuska a ɗaure, magana ƙasa-ƙasa, kowa da tikitinsa a hannu tun kafin a tambaye shi. Dattawa sun fi yawa, sai wasu iyaye da 'ya'yansu. Da aka kashe fitila, kare ya bayyana a allo, ya sure cinyar rago daga shagon mahauci, ya ranta a na kare a zahiri. 'Yan sanda suka rufa masa baya, garke guda, da gashin baki da hula da takalma masu nauyi. Karen ya kama bangon wani dogon bene ya haye kamar ƙadangare, su ma suka bi shi suna dafe tagogi. Aka bi ta kan rufi, aka bi ta ɗakin wani bawan Allah da ke kwance. Daga ƙarshe karen ya juyo musu, sai ga hukuma gaba ɗaya tana ƙafa me na ci ban ba ki ba, har cikin caji ofis. Hoton rufewa karen ne sanye da hular ɗan sanda, namansa a baki. Dattijuwar da ke kusa da ni, wadda ta harare ni ɗazu don jakata ta taɓa gwiwarta, tana dariya har da share hawaye.

Fim ɗin na 1907 ne, sunansa La Course des sergents de ville, daga kamfanin Pathé a zamanin da Ferdinand Zecca ke jagorantar aiki. Bangon da suka hau kuwa zane ne aka shimfiɗa a ƙasa, aka ɗaga kyamara sama tana kallon ƙasa, 'yan wasan suna rarrafe a kai. In ka ƙura ido za ka gane, don rigunansu ba sa rinjaya inda ya kamata. Amma ba wanda ya zo ƙura ido.

Wanda ke son ganin mafarin abin sai ya hau jirgin ƙasa zuwa Liyon, tafiyar kamar awa biyu. A unguwar Monplaisir akwai gidan iyalin Lumière, wanda yanzu gidan tarihi ne, da ragowar rumfar masana'antarsu a titin da aka raɗa wa suna Titin Fim na Farko. Auguste da Louis Lumière masu sana'ar kayan ɗaukar hoto ne, ba 'yan barkwanci ba. Finafinansu na farko ma'aikata ne suna fitowa daga aiki, da jariri ana ba shi abinci, da maƙera suna dukan ƙarfe. Amma a cikin guda 10 da suka nuna wa masu biyan kuɗi ranar 28 ga Disamba 1895, a ɗakin ƙasa na Grand Café da ke Faris, akwai ɗaya da aka shirya shi takanas don dariya. Mai lambu yana ban ruwa da mesa. Yaro ya lallaɓo ta baya ya take mesar. Ruwa ya ɗauke. Mai lambu ya juya bakin mesar yana leƙawa, yaro ya ɗage ƙafa, ruwa ya feshe mutumin a fuska har hularsa ta tashi. Shi ke nan, bai cika minti ɗaya ba, domin abin da na'urarsu ke iya ɗauka a zama ɗaya zare ne mai tsawon mita 17.

Abin da ya fi ba ni sha'awa a ciki shi ne abin da ya biyo bayan ruwan. Yaron ya gudu, mai lambun, wanda ma'aikacin gidan ne na gaske mai suna François Clerc, ya cim masa can gefe, inda suka kusa ɓacewa daga hoto. Kyamarar a kafe take, ba ta juyawa. Sai ya kamo yaron ya jawo shi ya dawo da shi tsakiyar fili, daidai inda za mu gani da kyau, sannan ya fara dukansa. Babu mai fushin gaske da zai yi haka. Tun a minti na farko na wannan sana'a an riga an gane cewa duka ba shi da amfani in ba a idon jama'a aka yi shi ba. Labarin kansa ba sabo ba ne, masu zanen barkwanci a jaridu sun riga sun zana shi shekaru kafin nan. Amma da aka tashi buga babbar takardar tallan na'urar a 1896, hoton wannan mai lambu aka sa, da 'yan kallo suna ƙyaƙyata dariya a ƙarƙashinsa.

'Yan'uwan Lumière ba su daɗe a harkar shirya fim ba. Waɗanda suka mai da ita masana'anta su ne Charles Pathé, mai tambarin zakara, da Léon Gaumont, mai tambarin fure. Har zuwa 1907 Pathé sayar da fim yake yi da awon mita, kamar yadi, kuma manyan masu saye su ne masu yawon kasuwannin shekara-shekara da ke kafa tanti su nuna wa talakawa. Irin wannan mai kallo yana tsaye ne ko yana kan benci, ga hayaniya, ga kiɗa daga tantin maƙwabci, wataƙila ma bai iya karatu sosai ba. Dole abin da ke allo ya faɗi kansa da kansa. Kuma hajar da ba ta buƙatar harshe tana tafiya ko'ina: fim ɗaya zai ba da dariya a Mosko da Alƙahira da New York ba tare da an canza komai ba sai sunan. Kafin Yaƙin Duniya na Farko babu kamfanin fim a duniya da ya kai Pathé girma. Satar fasaha ta yi yawa har suka riƙa manna ɗan zakaran nasu a bangon ɗakunan da ake wasa a ciki. Ka ga miji da mata suna jifan juna da faranti, ga zakara can a kusurwa yana shaida cewa kayan Pathé ne.

Tsakanin 1905 da 1908 abin da ya fi kasuwa shi ne tsere. Dabarar ɗaya ce kullum: wani abu ya kuɓuce, wani ya bi shi, duk wanda aka bangaje a hanya ya tashi ya shiga layi. Mai sayar da madara, mai tsani, mai tura jariri, ma'aikacin da ke shafa fenti, ɗan sanda. An yi tseren gashin kanti da ya tashi sama, an yi na surukai mata, an yi na doki da ya cinye buhun hatsin wani ya haukace da amalanke. Wanda ya fi tsaya mini a rai shi ne na kabewa, La Course aux potirons, na kamfanin Gaumont. Wasu 'yan iska suka kifar da amalanken kabewa a kan gangara. Kabeyin, manya-manya, suka gangara, suka tsallake shinge, suka faɗa ta taga cikin falon mutane, suka hau matattakala, suka bi ta bututun hayaƙi, suka shiga magudanar ruwa ta ƙarƙashin titi. Duk inda suka bi, mai kayan da jama'arsa suna biye, har da jakin da ke jan amalanken. Jaki a bututun hayaƙi! Hawan da suke yi sama kuwa gangarowa ce aka ɗauka, aka juya zaren baya. Daga ƙarshe kabeyin da kansu suka koma cikin amalanke suka zauna, kamar ba su je ko'ina ba.

Akwai wata riba da masu shirya waɗannan finafinai ba su nufa ba. Da yake a titi ake ɗaukar yawancin tseren, Faris ɗin 1907 tana nan a bayan 'yan wasan: duwatsun da aka shimfiɗa a hanya, shagunan giya, filayen da ba a gina ba a bakin gari, da masu wucewa na gaske da suka tsaya suna kallon mahaukatan nan. Wani lokaci yaro zai leƙo daga ƙofa ya kalli kyamara kai tsaye. Na hau unguwar Belleville da ƙafa, kusa da inda Gaumont ya gina ɗakunan ɗaukar fim nasa a gefen lambun Buttes-Chaumont, kuma gangarorin da matattakalan suna nan. Wanda ya haki a kansu zai gane dalilin da ya sa komai a finafinan Gaumont gangarawa yake yi.

Mai jagorantar shirya finafinai a Gaumont har zuwa 1907 mace ce, Alice Guy, wadda ta shiga kamfanin a matsayin sakatariya. Barkwancinta ba shi da kunya ko kaɗan. A wani fim nata na 1906, an ba wata mai gyaran katifa aiki, ta farke katifar a fili, ta tafi shan abin sha. Wani mashayi ya zo ya shige ciki ya yi barci. Ta dawo ta ɗinke da shi a ciki, ta saɓa a baya. Daga nan katifa ta fara bori: ta mirgina, ta gangara matattakala, ta faɗa rami, matar tana kokawa da ita. Namiji ne ya sa kayan mata ya fito a matsayin mai gyaran, domin faɗuwar da ake buƙata ta 'yan tsalle-tsalle ce, kuma babu dabarar kwamfuta da za ta ɗauke wa mutum zafin dutse. Yawancin 'yan wasan nan daga gidajen rawa da filayen wasan dabaru aka ɗebo su. Sun san yadda ake faɗuwa a tashi.

Ni da na taso da finafinan marigayi Rabilu Musa Ibro, inda rabin dariyar a baki take, a baƙar magana da kwaikwayon harshen wani da amsar da ba ka zata ba, na ɗauki lokaci kafin kunnena ya daina jiran abin da za a ce. A nan an ƙwace wa ɗan wasa bakinsa, an bar shi da ƙafafu da gira da duk abin da ke ɗakin da zai iya fashewa. Kuma a gaskiya ba duka ne ke da daɗi ba. In ka kalli biyar a jere sai ka fara gane tulun da za a fasa tun kafin a iso gare shi. André Deed, wanda ya fito da sunan Boireau a Pathé daga 1906 kafin wani kamfanin Italiya ya ɗauke shi zuwa Turin, ya gajiyar da ni. Wawa ne da ba ya jin ciwo, ba ya jin kunya, ba shi da abin da zai rasa, don haka ɓarnarsa ba ta taɓa ni.

Tambayar da ta riƙa dawo mini ita ce wa ake duka. Mafi yawa mai iko ne ko mai taƙama: ɗan sanda, mai gidan haya, maigida mai tumbi, suruka. Faransawa sun daɗe da wannan ɗabi'a. A Liyon ɗin dai aka ƙirƙiro 'yar tsanar nan Guignol a farkon ƙarni na 19, talakan masaƙi da ke narka wa jandarma sanda yara suna tafi, kuma har yau ana wasansa. Amma akwai wani dukan da ya bambanta. Wajen 1900 kamfanin Lumière ya ɗauki wasu gajerun wasanni na shahararrun 'yan barkwanci biyu na Faris, Foottit da Chocolat. Foottit Baturen Ingila ne mai shafa farar hoda. Chocolat baƙar fata ne, sunansa Rafael, an haife shi a Kuba cikin bauta. Tsarin wasansu shi ne Foottit ya ba da umarni ya yi mari, Chocolat ya sha. Idan ka kalli guntayen da suka rage za ka ga gwani ne, jikinsa sako-sako, faɗuwarsa a kan ƙa'ida, kuma shi ne baƙar fata na farko da ya yi irin wannan suna a dandalin Faransa. Duk da haka ban iya yin dariya ba, don na san abin da masu kallon wancan zamani, zamanin da ƙasarsu ke cin ƙasashen Afirka da yaƙi, suke gani in farin hannu ya sauka a baƙin kunci. Chocolat ya mutu cikin talauci a Bordeaux a 1917. A 2016 aka yi fim a kan rayuwarsa, Omar Sy ya fito a matsayinsa, jikan Charlie Chaplin kuma, James Thierrée, ya fito a Foottit.

Mutumin da ya ɗaga sana'ar daga fashe-fashe zuwa wani abu dabam shi ne Max Linder. Sunansa na yanka Gabriel Leuvielle, an haife shi a 1883 a Saint-Loubès kusa da Bordeaux, ɗan masu gonar inabi, ya shiga Pathé a 1905. Maimakon tsumma da jan hanci, sai ya fito da kwat mai kyau, da doguwar hular siliki, da safar hannu, da sanda, da ɗan siririn gashin baki. Ɗan gayu ne mai neman aure, mai son a gan shi da mutunci. Wannan shi ne sirrin, domin wanda ya sa farar riga shi ke tsoron taɓo. A fim ɗin 1907 da ya fara fito da shi sosai, ya je koyon zamiya a kan tafkin da ya daskare a dajin Vincennes. Faɗuwar ba ita ce abin dariyar ba. Abin dariyar shi ne yadda yake gyara hula bayan kowace faɗuwa, yana waige ko wani ya gani.

A Max prend un bain na 1910, likita ya umarce shi da wanka a baho. Ya sayo bahon, ya sha wahalar kai shi gida, sai ya tarar famfon yana waje, a kan matattakalar da duk mutanen benen ke bi. Ya gwada jido da ɗan ƙaramin mazubi, ya ga ba za ta kai shi ba, ya ja bahon zuwa bakin famfo, ya cika, ya kasa mayar da shi ciki. To, sai ya tuɓe ya shiga a nan. Kowane mataki da ya ɗauka mai hankali ne, kuma kowanne ya ƙara kusantar da shi ga abin kunya, har 'yan sanda suka ɗauke shi da bahon a kafaɗa suka ratsa titi da shi.

Wanda na fi so shi ne Max victime du quinquina na 1911. An rubuta masa maganin ƙarin ƙarfi, ya sha fiye da ƙima, ya bugu. A cikin dare ɗaya ya tsokani manyan mutane uku, da kwamishinan 'yan sanda da jakada da wani babba a harkar soja, kuma bisa al'adar masu neman fito-na-fito kowanne ya miƙa masa katinsa. Daga nan duk ɗan sandan da ya tsince shi a titi sai ya laluba aljihunsa, ya ga kati, ya ƙame ya sara masa, ya ɗauke shi cikin ladabi ya kai shi gidan mai katin, har gado. Masu gida su jefo shi waje, wani ɗan sandan ya sake tsintarsa. Ba wanda ya dubi fuskarsa ko sau ɗaya. A nan an wuce kare da cinyar rago: ɗan sandan bai faɗi ba, bai yi gudu ba, aikinsa yake yi tsakani da Allah, kuma biyayyar tasa ita ce wautar.

Chaplin ya taɓa ba Linder hotonsa da rubutu a kai yana kiransa malaminsa. Mack Sennett, wanda ya kafa kamfanin Keystone a Amurka a 1912 ya kuma yi suna da garken 'yan sanda masu tuntuɓe, bai ɓoye cewa daga Faransawan Pathé ya kwaso dabarunsa na farko ba. Yaƙin 1914 ya tsayar da ɗakunan fim na Faris, 'yan wasa suka tafi fagen daga, Amurka ta cike gurbin, ba ta kuma sake saki ba. Linder ya fito daga yaƙin da rashin lafiya, ya gwada sa'arsa a Amurka har sau biyu, bai samu karɓuwar da ya saba ba. A 1925 aka same shi da matarsa matashiya a wani otal a Faris, sun rasu, aka bayyana cewa kansu suka kashe. 'Yarsu Maud, wadda ba ta kai shekara biyu ba a lokacin, ta girma ba ta san fuskarsa a allo ba, daga baya ta shafe rayuwarta tana farautar finafinansa. Da yawa sun riga sun tafi, domin zaren wancan zamani yana ruɓewa, kuma yana kamawa da wuta kamar fetur. Gidan sinima mai sunansa yana nan yana aiki a titin Poissonnière.

Dab da yaƙin 1914, wani darakta a Gaumont, Jean Durand, ya kai ɓarna maƙura da ayarinsa na 'yan tsalle. A wurinsa bango yana rushewa, daɓen bene yana ɓurmawa da mutanen sama su sauko kan na ƙasa, wani lokaci har zaki ake sakowa cikin falo. A Onésime horloger na 1912, wani saurayi ya ci gadon da ba za a ba shi ba sai bayan shekara 20. A lokacin agogunan titunan Faris da iska ake tura su ta bututu daga cibiya ɗaya. Sai ya je ya taɓa uwar agogon, lokaci ya zabura, gari duka ya bi. Motoci suna tashi, magina suna kammala gida kafin ka ƙifta ido, a ɗaura aure yanzu, a haihu, yaron ya girma. Da hannu ake juya kyamara a lokacin, in mai juyawa ya rage sauri, hoton sai ya fito da gudu a allo. Da wannan 'yar dabara aka yi fim ɗin gaba ɗaya.

Sai kuma Léontine, wadda ba a cika ambata ba sai a 'yan shekarun nan da masu bincike suka tono ta. Tsakanin 1910 da 1912 aka yi jerin finafinanta a ƙarƙashin Pathé: budurwa cikin rigar yara, da dariyar mugunta, wadda ba ta da wani buri a duniya sai ta ga abu ya lalace. Har yau masana tarihin fim ba su gano sunan matar da ta yi wasan ba. A ɗaya an ba ta ɗan jirgin ruwa na wasa, ta toshe ɗakin girki, ta buɗe famfo don ta samu tafki, ruwa ya ratsa daɓe ya sauka kan maƙwabtan ƙasa. A wani ta ɗaura zare a hanya tana kayar da masu wucewa. Ba ta neman miji, ba ta nadama, kuma sau da yawa ba a kama ta. A Léontine garde la maison an bar mata tsaron gida da jariri da kare. Ta farfasa kwanuka, ta sa wuta, ta cika gidan da ruwa, ta fita yawo ta ɓatar da jaririn da karen duka. Sai ta ba da cigiya. Mutanen gari kuwa suka amsa, suka yi ta zuwa ƙofar gidan, wannan da yaro a hannu, wancan da kare a igiya, har wurin ya cika maƙil.